Godiyar da Ta Jira Shekara Talatin

Duk mai kallon fim a birnin Brno ya san fuskar Vendelin Kubat, sunan ne dai ba a riƙe ba. A fim shi ne mai gadi, shi ne bugaggen da ake jefowa waje, sau huɗu ma gawa ya fito. Alhali Venda, kamar yadda muke kiransa, murya gare shi, in ya rera waƙa sai ka ajiye cokali.

Ladabi ne ya ja masa. A gidajen wasanmu, ranar buɗe sabon wasa akan ɗan harbi ɗan wasa da ƙafa a mazaunai don sa'a, kuma ba a godiya. Wanda ya gode ya kori sa'arsa da bakinsa. Shekara talatin baya, ranar da aka fara ba shi babbar waƙa, Pani Otili mai ɗinkin kayan wasa ta harbe shi, shi kuma ɗan gidan tarbiyya ya juyo ya ce ya gode. Yana hawa dandamali murya ta shaƙe. Daga ranar ba daraktan da ya ƙara ba shi ko baiti ɗaya.

Sai bana, furfura ta cika kai, wata sabuwar darakta da ba ta san labarin ba ta ji shi yana rerawa a wurin ɗaukar fim, ta sa shi jarumin wasanta na dandamali. Venda ya san in wannan damar ta kuɓuce, shi da waƙa sai a lahira. Tsoro ya kama shi ƙwarai, ya kafe ba zai fita ba sai wadda ta harbe shi da fari ta sake. Dole aka ɗauko Pani Otili daga gidan tsofaffi a keken guragu.

"Ƙafar ta daina ɗaguwa, Venda," in ji ta. "Juya, sakarai."

Ta zabga masa sandarta. Godiya ta zo masa har leɓe, ya cije ta ya wuce.

Kai, ranar Venda ya yi waƙa! Jama'a suka miƙe, sau bakwai tafi yana dawo da shi gaban labule. Da aka tashi ya kwashi furannin da aka ba shi ya zube a cinyar tsohuwar. Tana hawaye ta gaya masa tun waccan ranar ba ta ƙara harbin kowa ba, don gani take ita ta kashe masa murya.

Ya durƙusa. "Yanzu fa, Pani Otili?"

"An rufe labule. Faɗi abinka."

Ya faɗi godiyarsa da ƙarfi, muryar kuwa garau.