Kyamara Ta Uku

Shekara talatin Darakta ya yi yana haɗa fim ɗin wasannin mawaƙa, amma bai taɓa zama ya kalli wasa ko ɗaya ba. Wurinsa wata 'yar mota ce da ake ajiyewa a bayan dandali, mai warin zufa da ƙonanniyar waya. A ciki akwai ƙananan talabijin a jere, kowace tana nuna abin da kyamara ɗaya take gani. Shi ya faɗi lamba, Dogo abokin aikinsa ya danna maɓalli, hoton wannan kyamarar ya shiga fim. Sauran kuwa sun bi iska, don tsohuwar na'urarsu hoto ɗaya kawai take iya naɗa.

Ya gaji, gajiyar da barci ba ya maganinta. Baya ya ƙage, ido ya dushe, kunnen hagu kuma ya riga shi yin ritaya. Waƙa ta daɗe da daina shiga jikinsa, lissafi kawai yake yi: nan mai ganga zai shigo, can mawaƙi zai ɗaga hannu. Dokarsa ɗaya ce, ba a taɓa maɓalli sai ya yi magana. Sau ɗaya Dogo ya taɓa yin gaban kansa tun suna samari, kuma wankin babban bargon da ya sha ranar har yau bai manta ba.

A wannan wasan, Auta 'yarsa tana cikin 'yan amshi, kuma mawaƙin ya ba ta baiti guda ta rera ita kaɗai. Mahaifiyarta ciwon ƙafa ya hana ta fita ko ƙofar gida.

"Baban Auta," in ji ta, "kullum 'ya'yan mutane kake ɗauka. Yau ni dai ka kawo min fuskar yarinyata."

"Kyamara sukutum zan ware mata. Ta uku tata ce."

Wasa ya kankama, shi kuma yana ta jefa lambobi cikin muryar mai jin barci. "Ɗaya. Huɗu. Biyu, hannun mai ganga." Sai kiɗa ya lafa, Auta ta matso gaba a talabijin ta uku, ta rufe ido, ta buɗe baki.

Bai san haka muryarta take ba. A gida in tana waƙa cewa yake ta rage, kansa na ciwo. Tsikar jikinsa ta tashi, ya saki baki yana kallonta kamar baƙauye a gaban shago. Dogo ya dube shi, yatsa a kan maɓalli na uku. "Oga?" ya ce a hankali, amma ta ɓangaren mataccen kunnen yake zaune. Bai danna ba.

Tafin jama'a ne ya dawo da Darakta hayyacinsa. Baiti ya ƙare.

Washegari da safe ya kunna wa matarsa fim ɗin a falo, ƙafarta a kan matashi. A faffaɗan hoto ta hango Auta can baya, ba ta fi ƙwayar wake ba. Da aka zo baitin, muryar yarinyar ta cika ɗakin, a talabijin kuwa hannun mai ganga ne kwance a kan fata, yana jira.

"Mayar baya," ta ce.

Ya mayar. Hannun nan dai.

"Ina take?"

"Tana ta uku. Ban kira lambar ba."

Ta daɗe tana dubansa. Ya so ta yi faɗa, da ya fi masa sauƙi.

"Amma kai ka gan ta?"

"Na gan ta."

"To kashe wannan abin. Zauna ka faɗa min yadda take."

Ya kashe, ya zauna a bakin kujera, gwiwoyinsa na ƙara. Ya lalubi kalmomi ya rasa, mutumin da bakinsa ya saba da lambobi kawai. Da ƙyar ya ce, "Da ke take kama."