Rabin Kitso

Mai kitso ta matse kan jikarta tsakanin gwiwoyinta, ta ja tsaga da tsinke. A bakin shago masinjan kotu na zaune kan benci, sai duba agogo yake kamar wanda ya bar tukunya a wuta.

"Mama, rana fa tana yi."

"To in kai ta da kai a tsefe? Ai sai a ce ba ta da kowa."

Tun ranar da 'yarta ta rasu wajen haihuwa ita ke rainon yarinyar nan. Uban, wani direban tirela, ko ƙeyarsa ba a gani ba sai da yarinya ta isa aike, sannan ya tuna yana da 'ya. Ya kai ƙara, kotu ta ba shi. Tsohuwa ta ce sai dai bayan ranta, ta ɓoye yarinyar a gidan wata ƙawarta. Alƙali ya ce wannan raina kotu ne, ya sa aka tsare tsohuwar. Ta kwana kan siminti har ƙugunta ya gaya mata gaskiya. Da aka fito da ita ya yi mata magana ɗaya: ko ta kawo yarinya yau kafin kotu ta tashi, ko ta koma ciki, 'yan sanda kuma su ɗauko yarinyar da ƙarfi.

Ƙarfi ya ƙare, saura dabara. Ta zaɓi kitso mafi ƙanƙanta, irin wanda duk unguwar ba mai iya shi sai ita. Da ta kai tsakiyar kai sai ta tsaya, ta ɗaura wa yarinyar ɗankwali.

"Kaka, ba ki gama ba."

"Yi shiru. Wa zai bar 'yarsa da rabin kai? Dole ya dawo min da ke in ƙarasa."

Yarinyar ta yi dariya. Ita kuwa ta kama hannunta, suka bi masinjan.

A barandar kotu suka tarar da uban. Ya durƙusa ya gaishe ta, ta amsa a daƙile. Magatakarda ya shaida an bi umarni, alƙali ya ce an sallame ta. Shi ke nan, abin ko shan ruwa bai kai ba.

Ta zare ɗankwalin a gabansa.

"Ka ga ban gama ba. Ka kawo ta ko jibi ne."

Ya duba kan, ya sosa ƙeya. Ba da mugunta ya faɗa ba, abin da ya fi ci mata rai ke nan.

"Kada ki wahalar da kanki, Mama. Makarantar kwana zan kai ta gobe, su kuma ba sa barin gashi. Daga nan wajen mai aski za mu."

Yarinyar ta ɗago ta dubi kakarta, tana jiran dabara ta gaba. Tsohuwa ta mayar mata da ɗankwalin, ta ɗaure shi da kyau, ta saki hannunta.