Mai Shiga da Safe

Alhamis ta uku ke nan Sixten Norrby yana hawa jirgin ƙarƙashin ƙasa daga unguwar Farsta zuwa ta Solna saboda jimla tara kacal. Jimla tara, aikin da a da yake gamawa kafin gahawarsa ta huce. Dusar ƙanƙarar watan Maris ta narke ta zama taɓo, ta samu hanya ta shiga takalminsa na hagu, gwiwoyinsa kuwa tun daga gida suka fara gardama da matakala. Shekararsa saba'in da huɗu, kuma ranar nan kowace ɗaya sai da ya ji nauyinta.

Da ƙuruciya ya ɗauka fuskarsa ce za ta ciyar da shi. Ya fito a fina-finai goma sha biyu, in dai fitowa za a kira abin. Shi ne ɗan sandan da ke buɗe wa babban ɗan sanda ƙofar mota, shi ne likitan da ke cire tabarau ya ce an yi iya ƙoƙari, sau biyu ma gawa ya yi. Sau ɗaya tak aka ba shi matsayin saurayi a wani wasan talabijin, mahaifiyarsa ta yanke hotonsa daga jarida ta manna a jikin firij. Daga nan gashi ya zube, waya ta daina ƙara. Abin da ya rage masa murya ce, mai kauri, mai jan ƙafa, kamar ta wanda aka tasa daga barci ya yafe.

A nan ƙasar ba a ɗora wa manya muryar harshen gida a fim ɗin waje, su karanta rubutu a gindin allo su ji da kansu. Yara kaɗai ake yi wa wannan gata. To, a wani katun da ake kawowa daga waje, akwai tsohon Jaki da wata Hankaka mai tsiwa, suna fito da kwalekwale. Sixten ne Jaki, shekara talatin da ɗaya. A titi ba wanda ya san fuskarsa, amma ya buɗe baki a kanti ya tambayi inda madara take, sai ka ga gandama-gandaman mutane masu furfura sun waiwayo suna murmushi ba su san dalili ba.

Hankaka kuwa Majken Stridh ce. Wanda bai san sana'ar ba zai zaci tare suke tsayawa suna cacar baki. Ina! Kowa shi kaɗai yake shiga ɗan akurkin ɗakin ɗaukar sauti. Majken ta shiga da safe ta yi nata, shi ya shigo da rana ya ɗora abin ji a kunne, muryarta ta zubo masa, ya amsa. A shekara sau ɗaya suke ganin juna, wurin cin abincin Kirsimeti na ma'aikata, inda take tsince masa kifi daga faranti ba ko kunya. Ba soyayya ba ce, kada wani ya fara. Matarsa dai ta daɗe da kama gabanta, 'yarsa tana can Umeå tana bugo waya ran Lahadi, saboda haka mutum ɗaya da ke yi masa magana a cikin kunne kowane mako ita ce Majken.

Suna da wata al'ada. In ta gama jimlarta ta ƙarshe, sai ta bar masa saƙo kafin a kashe makirfo, yawanci zagi. Ylva, mai ɗaukar sauti, ba ta sakar masa saƙon sai ya kammala nasa aikin. Shi ma sai ya rama, duk da ya san a iska yake yi, tun da mai saƙon ta daɗe da tafiya gida.

Majken ta rasu a watan Fabrairu, kwana shida bayan ta gama nata na kashin ƙarshe na bana. Ya je coci, ya ajiye fure a kan akwatin, ya sha gahawa da danginta, bai yi kuka ba. Ranar da ta gama nata shi bai samu zuwa ba, don haka jimla tara na Jaki suka rage, kuma mako biyu a jere ya kasa su.

Yana cikin rataye kwat sai ga Pontus, shugaban situdiyon, riƙe da kofi biyu. Pontus mutumin kirki ne, irin kirkin da ke sa mutum ya gwammace a zage shi.

"Sixten! Ka iso. Zo mu ɗan zauna. Yaya kake ji game da aikin nan?"

"Ƙafata ta jiƙe. Abin da nake ji ke nan."

"Na gane, na gane. Ba wanda ke matsa maka fa. Kawai dai gobe Juma'a za mu miƙa wa gidan talabijin." Ya juya kofin a hannunsa. "Kuma, don dai kar a ce ba a shirya ba, mun ɗan gwada wani jiya. Yana kwaikwayonka sosai. Ko kai ba za ka bambance ba."

"Madalla da shi."

"Ba wai an yanke komai ba ne."

Sixten ya sha jinin jikinsa. A wurinmu in aka ce ba a yanke komai ba, to an riga an yi odar kek ɗin sallama. In bai gama yau ba, gobe wani ne zai shiga ɗakin ya amsa wa Majken maganarta ta ƙarshe da muryar aro. Wannan ya fi ciwon gwiwar ci masa rai.

Ya shiga ɗakin, ya zauna a kujerar da ta karkace hagu tun zamanin da yake da gashi. Ylva tana bayan gilashi da tabarau a goshi. Shekara ashirin da shida tana wannan aiki, ba ta taɓa yaba wa kowa ba.

"Mu je, tsoho. Daga inda Hankaka ta yar da filafili a ruwa."

Jar fitila ta kama. A allo Hankaka ta buɗe baki, muryar Majken ta cika masa kai, mai kaushi, mai sauri, da ɗan shaƙewar nan ta sigari. "Ba ni na yar ba, shi ya faɗi!"

Ya shigo a makare. Ylva ta mayar baya. Majken ta sake cewa ba ita ta yar ba. Wannan karon ya yi tari a tsakiya. Ta mayar. Sai harshensa ya harɗe. Ta mayar. Sun kai sau goma sha ɗaya a kan jimla guda, sai jar fitilar ta mutu. Ylva ta taso ta buɗe ƙofar, abin da ba ta taɓa yi ba, ta jingina da bango.

"Sixten, ni za ka raina wa hankali?"

"Murya ce ta tafi, Ylva. Tsufa ne."

"Muryarka ras take. Na san tarin gaske, na san na wasa. Da ka yi wasa mai kyau haka a fim, da yanzu kana da gida a bakin teku." Ta sauke tabarau. "Duk sanda ka ɓata, ni nake mayarwa, ita kuma ta sake magana. Ka zaci ban lura ba?"

Ya ture takardar da ke gabansa gefe. Ƙarya ma sai da ƙarfi ake yin ta, shi kuwa ba sauran ƙarfi.

"In na gama, shi ke nan," ya ce. "Ba ta da sauran abin da za ta ce mini."

"Akwai saƙo a ƙarshe."

"Na sani. Shi nake tsoro. Muddin ban ji ba, yana nan."

"In ba ka ji yau ba, gobe wancan mai kwaikwayon zai ji. Ko in goge. Zaɓi."

"Ke dai ba ki da imani."

"Ina da jirgin ƙarfe biyar." Ta juya za ta fita, sai ta tsaya riƙe da ƙofa. "Majken ta hana ni gaya maka, amma yanzu ba ta da yadda za ta yi da ni. Aikinta ƙarfe tara yake farawa. Tara saura kwata take zuwa."

"Don me?"

"Don ta ji ramuwarka ta makon jiya mana, sakarai. Ban taɓa goge ko ɗaya ba sai ta ji. Ta zauna nan da kwat ɗinta a jiki tana dariya har da tari, sannan ta ce ba ka iya zagi ba."

Ƙofa ta rufe. Sixten ya ji sanyin safarsa da ta jiƙe. Shekara talatin da ɗaya yana zuba surutu yana zaton bango yake yi wa. Har ranar da matarsa ta kwashe kayanta ya faɗi wani abu a makirfon nan, ya tuna sarai, don ya tabbata ba mai ji. Kunya ta kama shi, daɗi ya biyo baya, sannan wani baƙin ciki ya zo ya danne su duka.

Ya gyara abin jin a kunne, ya ɗaga wa Ylva yatsa.

Jimla tara, minti goma sha biyu. Hankaka ta yi ta masifa a kan filafili, Jaki yana ba ta haƙuri da muryar nan tasa. A ƙarshe ta ce, "Kai dai ba ka taɓa sauraron mutum!" Jaki ya lumshe ido a allo, Sixten ya ce, "Ina jin ki, ina jin ki." Hoton ya tsaya.

Sai ƙarar takarda, da jan numfashi mai wuya.

"Jaki," in ji Majken, da muryarta ta gida, ba ta Hankaka ba. "Ka sake barin ɓawon lemo a aljihun tebur. Ya bushe kamar kai. Ni ba baiwarka ba ce. Sannan jimla ta shida, na san ka, za ka ja numfashi kamar mai hawa bene. Kar ka ja. To, na gaji, na tafi. Sai Alhamis."

Ya ja numfashin kuwa a jimla ta shida. Ya ɗaga kai, ya ga Ylva tana kallon wani wuri daban. Jar fitila tana nan a kunne, tana jiran ramuwa kamar kullum. Ya buɗe baki ya rufe. Sannan ya ce, "Ylva, mayar da ni ta shida." Suka sake ta, ta fita tsaf. Ya ɗauki kwat ɗinsa ya tafi gida, ranar ko miyar waken da aka saba sha duk Alhamis bai tsaya sha ba.

Jaki dai ya tsira a hannunsa. Pontus ya rungume shi a bakin ƙofa, ya ce dama shi bai taɓa shakka ba. Da kaka ta shigo aka kawo sabbin kashi, aka kuma samo sabuwar Hankaka, wata Tuva Ekdahl. Da safe tana koyarwa, sai da rana take da sarari, don haka aka mayar da Sixten safe.

Ya iso ƙarfe tara daidai, ya zauna, ya ɗora abin ji. Jar fitila ta kama. A allo Hankaka ta wage baki tana fuka-fukai, tana masifa iya ƙarfinta, amma a kunnensa babu komai. Shiru, sai ƙarar numfashinsa.

"Ylva, abin nan ya lalace."

"Lafiyarsa ƙalau. Kai ne na farko, wa kake so ka ji?"

Bai taɓa tunanin haka ba, ko sau ɗaya. Ashe haka safiya take. Ashe duk tsiwar nan, duk dariyar da ke faɗowa daidai inda zai amsa, cikin wannan shirun Majken take yin su, tana bar masa gurbi, tana kintatar inda zai ja numfashi. Shi kuwa ya shigo da rana ya tarar da komai a shimfiɗe, har yana ganin shi gwani ne.

Aikin ya ba shi wuya ƙwarai. Awa biyu ya yi a kan abin da bai wuce na rabin awa ba, yana ba wa bakin da ba ya magana haƙuri. Da ya kai ƙarshe rigarsa ta jiƙe a baya, maƙogwaronsa ya bushe. Ya kai hannu zai cire abin jin, sai ya ga fitilar ba ta mutu ba. Ylva tana goge tabarau, ta yi kamar ba ita ba.

Ya yi gyaran murya.

"Tuva. Sixten ne, Jakin. Ba mu san juna ba." Ya tsaya. Zagi bai zo masa ba, dama an ce bai iya ba. "Kujerar nan ta karkace hagu, ki sa takarda a ƙarƙashin ƙafarta. A jimla ta huɗu na bar miki wuri da yawa, kar ki yi sauri. In kin ga ɓawon lemo a aljihun tebur, ba nawa ba ne."

Fitila ta mutu. Ya tashi da ƙyar, ya fito yana ɗaura gyalen wuya.

"Kina ganin za ta ce wani abu?"

"Ni na san mata? Yaran yanzu suna gamawa suke cire abin kunne."

"Haka ne." Ya soma maɓalle kwat, ya saɓa maɓalli, ya kwance ya sake. "Ba komai."

Alhamis ta gaba ruwa ake yi tun asuba, gwiwoyinsa duka biyu suka ce ba za su ba. Ya lallaɓa su, ya hau jirgin da ke gaban wanda ya saba hawa. Tara saura kwata yana zaune a gefen Ylva, da kwat ɗinsa a jiki.