Tallar Keken Ɗinki

Munira ta shiga wani shagon gahawa a unguwar Aziziyya da ke ƙasa mai tsarki don ta huta daga zafin rana, sai ta ga mahaifiyarta a jikin bango.

Tsohuwar talla ce ta keken ɗinki, an ciro daga wata mujalla ta zamanin da, an ƙara mata girma an sa a gilashi. Budurwa ce zaune gaban keke, ɗankwali a karkace, wuya a buɗe, tana dariya. Hanifa ce, mahaifiyarta. Tun a Kano aka ɗauki hoton, kafin ta zo aikin hajji ta zauna a unguwar Misfala har ta rasu. Da girma ya kama ta, da hannunta ta ƙona duk hotunanta, ta ce ba ta son a riƙa kallonta bayan ranta.

Da Munira ta koma gida ta gaya wa Abdulhafiz, ɗalibin shari'a da ke haya a ƙasan benensu. Ya bincika, washegari ya hawo jiki a sanyaye.

"Mama, kamfanin ya mutu, mujallar ma haka. A iya binciken da na yi, haƙƙin mallakar hoton ya ƙare. Ya zama na kowa."

"Na kowa? Uwar tawa?"

"Hoton nake nufi, Mama."

"Ita ba wanda ya tambaye ta."

Ya sunkuyar da kai.

Duk da haka ta koma shagon. Mai wurin, wata matashiya mai suna Ghada, ta saurare ta har ƙarshe, sannan ta hau kujera ta sauke hoton da kanta, ta miƙa mata.

"Ki yafe mini, Khala," in ji ta da Larabci, wato inna. "A intanet na samo shi. Nawa na cire, amma na sauran mutane ba ni da iko da shi."

Munira ta rungumo shi a bas har gida, fuskar tana jikin ƙirjinta. Niyyarta ta ƙona shi. Tana cikin cire gilashin, sai 'yarta Rim ta shigo, wadda ba ta taɓa ganin kakarta ba. Ta tsaya ta daɗe tana kallo.

"Ummi, wace ce wannan mai irin haƙoranki?"

Munira ta janye hannu daga gilashin. Ta matsa mata wuri a kan darduma, ta ce ta zauna.