Darakta a Hawa na Ƙasa

Darakta ba mugu ba ne, wannan kowa ya shaida. Ciwonsa ɗaya, ba ya iya cewa e ko a'a. Ko famfon banɗaki ne ya lalace aka kawo masa a rubuce, sai ya zaro biro ya rubuta a gefe, "A kafa kwamiti ya duba." Da haka ya yi shekaru yana shugabancin ofishin auna filaye ba a taɓa kama shi da laifi ba, tunda bai taɓa yanke komai ba.

To, akwai wata mai zanen taswira a hawa na ƙasa, kowa Anti yake ce mata. An yi ta tsallake ta wajen ƙarin girma, har waɗanda ta koya wa aiki suka zama shugabanninta. Ta yi haƙuri, ta gaji, ta kai ƙara, kotu ta ce a ba ta matsayinta. Da hukuncin ya iso teburin Darakta, hannunsa ya yi abin da ya saba.

Ba a jima ba sai ga sammaci, ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a ɗaure shi kan raina kotu.

"Kai kuwa Baban yara," in ji matarsa tana goge masa riga, "har alƙali sai ka kafa wa kwamiti? Ga ritaya ta matso, a gidan yari kake so a yi maka bankwana?"

"Ni fa ban ƙi ba. Tsari nake bi."

Ya faɗa da ƙarfi.

Da ya je kotu, ya tarar alƙaliyar dattijuwa ce mai sanyin murya. Ta gyara tabarau ta dube shi.

"Me kwamitin naka ya gano game da hukuncina?"

"Ranki ya daɗe, bai zauna ba tukuna."

"In ya zauna ya ce na yi kuskure fa?"

Ta ce ta ba shi zuwa tashin kotu a ranar. Ko ya dawo da takardar ƙarin girman da sa hannun mai ƙara cewa ta karɓa, ko ya kwana a tsare.

Ya koma ofis, ya saƙale fayil a hammata da kansa. Sakatariya ta ce ba ta buga takarda sai sashen ma'aikata sun ba da lamba. Shugaban sashen ya miƙe da ladabi.

"Yallaɓai, ai umarninka ne, ba a ba da lamba sai kwamiti ya kawo rahoto. Shugaban kwamitin kuma yana hutu."

Darakta ya tsaya yana kallonsa. Ya so ya yi faɗa, amma da wa? Mutumin karatun da ya koya masa yake biya masa, ba ragi ba ƙari.

"Na rushe kwamitin," ya ce. "Ba da lambar."

Aka buga, ya sa hannu, ya gangara hawa na ƙasa, inda rabonsa da shiga har ya manta. Ya tarar da Anti a wani lungu tsakanin kabad biyu, ta sunkuya kan taswira. Ta gaishe shi kamar kullum, ta goge hannu, ta karɓi takardar ta shiga karantawa layi bayan layi. Shi kuwa ido na kan agogon bango, gwiwoyinsa na ciwo. Ya waiga neman wurin zama, babu.

"Ka yi haƙuri da tsayuwa, Yallaɓai," ta ce ba tare da ta ɗago ba. "Kujerar baƙo sai manya ake ba. Na nema tun tuni, ba a ce an hana ba, ba a kuma kawo ba."

Ba gori a muryarta, labari kawai take ba shi, kuma wannan ya fi yi masa zafi. Kunya ta rufe shi. Ya fasa ce mata ta hanzarta, ya gyara tsayuwa ya haɗe hannuwa a gaba, har ta kai layin ƙarshe ta ɗauki biro.