Gashin Idon da Na Sa wa Umma

Ranar da na sa wa Umma gashin ido, na san sarai saura kwana biyar a yi mata aikin yanar ido. Na faɗi haka tun da farko don kada wani ya tausaya min ya ce mantuwa ce. Takardar asibitin tana manne a jikin firij ɗinmu, kuma ni na manna ta da hannuna. Wata tara Umma tana jiran layi ya zo kanta. Keken ɗinkinta har ya gaji da jira, mun lulluɓe shi da tsohon zanin gado muna ɗora kaya a kai.

Ni kuwa wata bakwai ina koyon aiki a shagon kwalliyar Madam, ɓangaren gashin ido, irin wanda ake liƙawa da gam sili-sili a kan gashin mutum na asali. Ranar gwaji ta zo. Kowace mai koyo za ta kawo wadda za ta yi wa aiki, Madam ta duba, in hannunki ya faɗa ta ba ki kujerarki a shago. Ƙawar da ta yi min alkawari ta kira da sassafe wai ɗanta ya kwana da zazzaɓi. Na lallaɓi Yaya, ta ce ita idonta ba filin gwaji ba ne. Na zauna a bakin gado ina huci, ina jin haushin kowa har da yaron da bai san ina yi ba.

Umma ta leƙo ta ce, "Auta, in dai ido ake nema, ga nawa nan a zaune, ba aikin fari balle na baƙi. Tashi mu je."

Zuciyata ta ce min akwai takarda a jikin firij. Na ce mata ta yi min shiru, ai zan cire kafin ranar.

Madam tana da ƙa'ida. Kafin kowa ta kwanta a kujera sai ta yi mata tambaya uku: akwai ciwon ido, an yi aiki ko za a yi, gam yana sa ki ƙaiƙayi? Umma ba ta kai ga buɗe baki ba na yi caraf na ce, "Babu, babu, babu."

Madam ta sunkuya ta duba ta ce, "Wannan farin da nake gani fa, Mama?"

Na ce, "Tsufa ne kawai."

Umma ta gyara ɗankwalinta ta kwanta.

Awa biyu na yi a kanta, sili tamanin a kowane ido, kuma in faɗi gaskiya ban taɓa aiki mai kyau irin na ranar ba. Da na gama na riƙe mata madubi. Ta juya kai dama, ta juya hagu, ta ce, "Kai, Auta! Sun yi kyau. Yau babanku ma da yana raye sai ya sake neman aurena." Duk shagon aka fashe da dariya. Na ɗauke ta hoto a wayata. Madam ta ce daga ranar Litinin kujerar bakin taga tawa ce.

Sai da muka dawo gida lissafin ya kwance min. Abin da ake cire gashin da shi wani jel ne da ke narkar da gam, kuma yana cikin durowar Madam, mukulli a jakarta. Ba wadda ke taɓa shi sai ta faɗi dalili. To me zan ce? Aikin da aka yaba jiya, yau ina so in cire? Sai ta tambaya, in ta tambaya kuma ƙaryata ta fito. Na ce bari gobe. Goben ta yi na sake cewa gobe.

Saura kwana biyu nas ta kira daga asibiti don tuni. Yaya ce ta ɗaga. Na ga fuskarta tana sauyawa, ta ajiye wayar, ta ciro takardar daga firij ta karanta min da ƙarfi kamar ban iya karatu ba: kada a shafa kowane irin mai a fuska ko kusa da ido, kada a zo da wani abu liƙe a ido.

Ta ce, "Ke wace irin mutum ce? Don ki samu kujera sai ki hau kan idon uwarki?"

Umma ta ce, "Ni na kai kaina."

"Ke dai kullum kare ta kike yi, Umma, shi ya sa ta lalace."

Yaya ta shiga kicin ta ɗauko man zaitun, wai haka ta ga ana yi. Na fizge kwalbar na ce ba yanzu ta gama karanta cewa ban da mai ba? Na ce ta bar ni da sana'ata, na san abin da nake yi. Na faɗa da gadara sosai, don na san ban sani ba.

Na tafasa ruwa na juye a kwano, na sa Umma ta sunkuya, na rufe kanta da tawul don tururi ya sassauta gam ɗin. Minti goma ta ɗago tana zufa tana cewa an dafa ta ba gishiri. Na kwantar da ita a doguwar kujera, na jiƙa auduga da ruwan ɗumi ina shafawa daga sama zuwa ƙasa a hankali. Har nan ban yi laifi ba, wannan ba ya cutar da kowa. Sili bakwai suka sauka. Muka sake tururi, wasu biyar suka biyo baya. Gam ɗin sabo ne, kuma ni na liƙa shi da kyau don in burge Madam, yanzu ga ƙwarewata ta zame min bala'i.

Yaya tana tsaye a kaina, hannu a ƙugu. "A haka sai baɗi."

A nan ne ya kamata in ɗauki waya in kira Madam. Sai na ɗauki hantsaki.

Abu na farko da ake koya mana shi ne ba a ja. Na ja. Fatar idon Umma ta biyo hantsakin ta koma, ƙafarta ta motsa.

"Da zafi, Umma?"

"A'a, ci gaba."

Na ci gaba. Hawaye yana gangarowa ta gefen idonta yana shiga kunne, ina gogewa ina ce wa kaina tururi ne. Sai da na duba tsumman da nake ajiye silin a kai na ga wasu suna da ɗan farin ɗigo a gindi. Wannan ba nawa ba ne. Gashin Umma ne na asali nake tugewa da saiwarsa. Na ajiye hantsakin. Kafin yamma fatar idon hagu, wanda za a yi wa aikin, ta kumbura ta yi jajir.

Washegari na riga kowa zuwa shago. Da Madam ta iso na tsaya a gabanta na faɗa mata komai, ban rage ko ɗaya ba. Na shirya wa zagi, har na so ta zage ni ɗin. Ta dai dube ni, ta buɗe durowa, ta jefa jel da kayan aiki a jaka ta ce, "Mu je."

A gida ta durƙusa ta gaishe da Umma, ta wanke hannu. Ta manna farin ƙyalle a ƙasan kowane ido, ta ce Umma ta rufe kada ta buɗe. Ta lakaci jel ɗin da ɗan tsinken auduga ta ɗora daidai inda gam yake, ba ta bari ya taɓa fata ba. Sai ta naɗe hannu ta jira. Bayan 'yan mintoci ta shafa, gashin ya riƙa zamewa da kansa ba ja ba zafi. Ta wanke wurin da ruwa mai tsabta sau uku. Duka-duka minti ashirin.

A bakin ƙofa ta ce min, "Da kin zo tun ranar, me zan yi miki? Faɗa ne, sai kuma me? Kika gwammace ki tuge idon mahaifiyarki da ki ji kunya a gabana." Ta gyara jakarta. "Kujerarki tana nan. Amma daga yau ke za ki riƙa yi wa kowa tambaya ukun nan."

Ranar aikin muka je asibiti da wuri, ni da Umma. Kumburin ya ɗan sauka, ina ta addu'a kada a lura. Nas ta haska 'yar fitila ta ɗaga fatar da yatsa, ta tafi ta kira likita. Likita ya duba ya girgiza kai, ya ce ba zai taɓa idon da fatarsa ke da rauni ba, ƙwayar cuta za ta iya shiga ciki a yi asarar idon gaba ɗaya. Ya rubuta magani. Nas ta buɗe littafinta ta ce ranar da ke da gurbi sai nan da wata uku.

Ta juyo ta ce, "Mama, me ya sami idon nan?"

Na buɗe baki. Wallahi na buɗe. Umma ta matse min hannu ta ce, "Ni ce, 'yar nan. Ƙaiƙayi ya dame ni na murje shi."

Nas ta hau ta da faɗa kamar ƙaramar yarinya, wai manya ma ba sa jin magana, an ba ku takarda ba kwa karantawa, kun hana wasu gurbi. Umma tana ta "A yi haƙuri, na yi kuskure." Ni ina tsaye riƙe da jakarta. A shago na yi magana a madadinta lokacin da ya kamata in yi shiru, yau kuma na yi shiru. Ban taɓa tsanar kaina irin na wannan lokacin ba.

Da muka fito ta kama damtsena a bakin matattakala, tana laluben kowane taki da ƙafa kafin ta sauka. Kullum muna gida ɗaya, amma ban taɓa lura haka take sauka ba.

Na ce, "Umma, ki yafe min."

"Ke rabu da ni, kada ki sa mu faɗi." Ta sauka taki ɗaya ta tsaya. "Hoton nan da kika ɗauke ni a shago, yana nan?"

"Yana nan."

"To kada ki goge. In an yi aikin ina so in gani."

"Ai kin gani a madubi, Umma. Har kika ce sun yi kyau."

Ta ɗan yi dariya. "Wane madubi? Fari kawai na gani, Auta. Ɗayan idon ma ya daɗe da bin ɗan'uwansa, ban dai faɗa muku ba ne. Na ji yadda kike numfashi a kaina kina jira, sai na ce sun yi kyau." Ta miƙa ƙafa tana neman taki na gaba. "Saura nawa?"

Na ce saura huɗu.