Hoto Shida

"Yanke nan," in ji Eduviges daga kan gado. "Tana rufe ƙofa, ki yanke."

Ban yanke ba. Hannuna na kan kwamfutarta, ita kuwa ciwon suga ya riga ya cinye mata ido, sai kunne. Wata uku ke nan kullum da hantsi nake hawa bene zuwa ɗakinta, ina zama idonta da hannunta, muna tace fim ɗinta na ƙarshe.

Tare muka koyi aikin nan a birnin Meziko, shekara arba'in da biyu da suka wuce, lokacin ana yanka fim da almakashi a liƙe da salatif. Ita manyan daraktoci suka ɗauke, ni na ƙare a tallan sabulu da man girki. Gida ɗaya muke, tana sama ina ƙasa, duk furen da aka kawo mata ta ƙofata yake wucewa. Wallahi ban taɓa yi mata murna har zuci ba. Abin da nake so kawai, wani ya buɗe baki ya ce ni ma na iya.

Wurin da muke tacewa, uwa ce ta sallami ɗanta ta rufe ƙofa. Hoto ashirin da huɗu ke cika sakan ɗaya. Na ƙara shida bayan inda ta ce, na kunna mata.

"Herminia, ɓarauniya, kin ƙara."

"Kunnenki ne ya tsufa."

"Shida kika ƙara, na ji numfashin uwar. Me take yi a ciki?"

"Ta kasa sakin sakata."

Sau uku ta sa na maimaita mata.

"Bar shi. Naki ya fi nawa," ta ce. "Kada kanki ya kumbura, sau ɗaya ne a shekara arba'in."

"Maimaita, in kira Leobardo a waya ya ji."

Leobardo shi ne daraktan. Ta yi dariya har da tari.

"Idan ya zo Juma'a zan gaya masa da bakina. Miƙo min kunun masarar nan kafin ya huce."

Alhamis da tsakar rana ta cika, ina yanke mata farce.

Ranar addu'ar kwana tara Leobardo ya zo da fim ɗin, aka ja labule aka haska shi a bangon ɗakinta. 'Yan fim sun cika har matakala. Da aka zo wurin ƙofar sai ya tsayar.

"Ku dubi ɗan jinkirin nan. Ba ido, a kan gadon mutuwa, ta ga abin da ya wuce mu. Babu mai iya wannan sai Eduviges." Ya juyo gare ni. "Doña Herminia, a gabanki aka yi. Yaya ta gano shi?"

Saura kaɗan in ce aikina ne. Shaidata ɗaya ce, kwananta tara a ƙasa. Ƙanwar Eduviges na rungume da hotonta tana kallona, ta matsu ta ji.

"Kunne gare ta," na ce.

Ko a mace sai da ta karɓe yabon, kuma haushinta nake ji kamar tana raye. Na tattara kofunan kofi a faranti na sauka ɗakina. Ina wankewa ina jin tafinsu ta cikin rufi.